Wutsiyar Fim

Watan jiya aka aiko mini daga tsohon wurin aikinmu da ke Garki, wai za a rushe sito a yi wurin ajiye motoci, in zo in duba ko akwai abin da ya cancanci a tsira da shi cikin tarkacen. Sai da na yi dariya. Shekara da shekaru ba wanda ya tambayi ko ina numfashi, yau da shara ta taso an tuna da ni. Na dai sa hulata na tafi, domin akwai gwangwanin fim ɗaya da nake so in sake riƙewa kafin ƙasa ta rufe mini ido. Aka haɗa ni da wani saurayi mai ɗaukar hoto a tashar talabijin ɗin, yaro mai ladabi, kyamararsa duka-duka ba ta fi tafin hannuna ba. Yana buɗe ƙofar siton wani wari ya buge mu, tsami-tsami kamar kunun da ya kwana. Shi ya toshe hanci. Ni kuwa tsayawa na yi, don na san warin, haka fim yake yi idan ya fara ruɓewa. Ga gwangwanaye nan jere har rufi, duk sun yi tsatsa, kuma a cikinsu garin nan yake tun yana daji.

Yaran yanzu idan na ce musu na san Abuja ba fitilar kan titi ko ɗaya, kallon mai ƙarin gishiri suke yi mini. Lokacin sojoji sun koma bariki ke nan, farar hula sun karɓa, kuɗin mai yana ta shigowa ba ji ba gani. Gwamnati tana can Legas, nan kuwa ba komai sai jar ƙasa da katafila da tifa da Turawan kamfani masu gajeren wando. Aikinmu shi ne mu ɗauki hoton ginin garin a kai Legas a nuna a talabijin, don mutane su yarda da gaske ake. Ofishinmu kwantena ce. Kwana kuwa a Nyanya muke yi, cikin dogayen ɗakunan kwano na leburori, inda in ruwa ya sauko ba ka jin maganar na kusa da kai. Har yau ina jin safiyar wurin a kunnena: ladan yana kira daga masallacin da duwatsu kawai aka jera aka shata shi, can gefe ana buga ƙarfen tayar mota na 'yan coci, sannan katafiloli su fara gurnani ɗaya bayan ɗaya. Matan Gwari su ratso sabon titi da doya da itace a kafaɗa, ko kallon injinan ba sa yi. Daga Nyanya zuwa Garki kafin shayinka ya huce ka isa. Yanzu je ka gwada, sai ka yi azahar a cikin mota.

Mutumin da aka ba ni in yi wa yaron kyamara, kowa Oga yake ce masa, har daraktanmu. Mutumin Filato ne, Kirista, gajere mai faɗin ƙirji, da furfura tsilli-tsilli. Tun zamanin majigi ya fara, yana ɗaukar farin ƙyalle a kai ƙauye-ƙauye, har ya kai inda babu mai riƙe kyamara kamarsa a duk inda muka sani. Hausarsa irin ta kan hanya ce, mace da namiji duk ɗaya suke a bakinsa. Ni kuwa na fito daga Katsina da takardar sakandare da girman kai, har nakan gyara masa magana. Ranar farko ya dube ni sama da ƙasa ya ce, "Yaro, wannan kyamara shi ba ya jin Hausan Katsina. Ɗauki ƙafa." Ƙafa kuwa katako uku ne masu nauyin tsiya da ake ɗora kyamarar a kai, na goya su har kafaɗata ta yi kanta. Daga nan ya shigar da ni baƙar jaka, wata jaka mai hannayen riga biyu da ake zura hannu a ciki a zare fim daga gwangwani a ɗura, domin in haske ya taɓa fim ko na ƙiftawar ido ne, ya mutu. Yakan ɗaure mini ido da hankicinsa mai warin taba ya ce, "A cikin jaka ido ba shi da aiki. Ji da yatsa." In na yi kuskure ya ɗan ranƙwashe ni, in na yi daidai ya saya mini lemo a Zuba ba tare da ya ce komai ba. Na ji haushinsa sosai a farko, daga baya kuma na so shi kamar uba.

Dokar da ta fi kowace girma a sana'ar ita ce ta maleƙa, wato ɗan ramin da mai ɗauka yake kafa idonsa. Yaron kyamara zai goge kyamarar, ya goya ta, ya kare ta daga ruwa da rigarsa, amma ba ya sa ido a maleƙa sai ranar da maigidansa ya ce ya sa. Dalili kuwa, idon da ke maleƙa shi ne mai hoton, yabo nasa, zagi nasa. Kuma a lokacin ba a ganin abin da aka ɗauka nan take. Fim sai an kai shi Legas an wanke, ya yi makonni kafin ya dawo, sannan ka san ko ka yi aiki ko ka yi ɓarna. Gwangwani guda 'yan mintuna ne kawai a cikinsa, saboda haka kafin ka danna sai ka yi tunani kamar mai shirin yanka. Jikata yanzu takan ɗauke ni da waya sau ba adadi, ta goge, ta sake, wai hulata ta karkace. Mu da mun samu haka ai da mun lalace.

Oga yana da wata al'ada tasa. Idan an gama ɗaukar abin da aka aiko mu, yawanci akan rage ɗan guntun fim a ƙarshe wanda bai isa wani aiki ba. Shi muke kira wutsiya. Wasu sukan bar shi ya tafi a banza. Oga kuwa cewa yake wutsiya ta wanda ba a taɓa ɗauka ba ce. Sai ya juya kyamara kan lebura mai cin gyaɗa, ko tsohuwa mai tallan doya, ko direban tifa yana alwala. In fim ya dawo mu rataya zanen gado a Nyanya bayan magariba mu haska musu. Ka ga ƙaton mutum ya ga kansa yana tafiya a jikin zane, ya dafe kai yana ihu yana kiran sunan uwarsa. Shi kansa Oga bai taɓa fitowa a fim ba. Yakan ce wurinsa baya ne, gaba na masu babbar riga ne.

A wata damina na fara lura da abin. Akwai mitar auna haske da yake ratayawa a wuya, ko da yake ado ce kawai, don shi tafin hannunsa yake ɗagawa sama ya ɗan juya shi ya faɗi yadda za a buɗe kyamara, kuma mita ba ta taɓa ƙaryata shi ba. Sai ya fara miƙo mini ita yana cewa in karanta masa lambar, wai ya manta tabarau. Ya zuba shayi a gefen kofi. Sannan fim ya dawo daga Legas fuskokin mutane sun yi hazo-hazo, bishiyoyin bayansu kuwa tar. Oga ya ce gilashin kyamara ne ya tsufa. Da yake zamanin kuɗi ne, kafin ka ce me an aiko da sabon gilashi daga Turai cikin akwati mai laushin ciki. Fim na gaba ya dawo, hazon yana nan. Daraktanmu matashi ne Bazazzagi da ya yi karatu a Ingila, mutumin kirki, amma shi ma akwai masu taka shi daga sama. Ya kira Oga, ina tsaye a bakin ƙofa da ƙafa a kafaɗa. Ya ce, "Oga, Legas sun yi magana, they are not happy. Minista zai zo buɗe gidajen ma'aikata. In wannan ma ya fito haka, sun ce za su turo nasu mai ɗauka, kai kuma a mayar da kai sito. Wallahi ba na so a kai nan." Oga ya ce, "No problem, sa," ya fito yana laluben matakalar kwantena da ƙafarsa. A nan na tabbatar idonsa ne yake tafiya.

Mutumin da ya koya wa rabin masu ɗaukar hoton ƙasar nan aiki, a ce ya ƙare yana ƙirga gwangwani yara suna nuna shi da baki. Abin ya hana ni cin abinci. Faɗa masa kuma ba zan iya ba, yaro ba ya ce wa maigidansa ba ka gani. Na je rumfar Mama mai sakwara, wata 'yar Binuwai da ke ciyar da mu a Nyanya, na zauna ina juya miya da yatsa. Ta ce, "Ɗana, wa ya mutu?" Na rage murya na gaya mata. Ta yi tsaki ta ce, "Sai yanzu ka sani? Mutum da yake hango naman da na ɓoye a ƙasan tukunya tun daga bakin hanya, yanzu sai na tura masa kwano ya taɓa hannunsa. Ya je asibiti, sun ce jijiya ne, ba yanar ido ba, ba a cirewa. Kar ka faɗa masa ka sani. Namiji irin shi, in ka faɗa ka kashe shi. Ka tsaya kusa da shi kawai."

Na tsaya kusa kuwa. Ana gobe bikin, da la'asar, na je gidan da aka ɗaura ƙyallen da minista zai yanka. Na kafa ƙafa inda za mu tsaya, na ja igiyar awo daga nan zuwa ƙofar, na saita zoben gilashi daidai nisan, sannan na manna ɗan filasta a wurin yadda yatsa zai ji shi ko ido bai gani ba. Da na kai wa Oga kyamarar ya shafa zoben, babban yatsansa ya tsaya a kan filastar. Ya ce, "Hmm." Muka tafi cin abinci.

Da asuba aka tsuge da ruwa. Kafin hantsi ya ɗauke, amma ƙofar gidan nan ta zama taɓo har idon sawu. Mun kafa kyamara, makaɗa sun jeru, 'yan siyasa sun cika wuri da manyan riguna, sai ga masu tsara zaman manya a guje, wai minista ba zai taka wannan da farin takalmi ba. Nan take suka kwance ƙyallen suka mayar da shi wani gida can tsallake a kan tudu. Awon jiya ya tashi a banza, ga jiniya har an fara jin ta daga nesa, ba halin jan igiya cikin wannan turmutsitsi. Muka kwashi kaya muka ruga. Almakashi kuwa sau ɗaya yake cin ƙyalle, ba a ce wa minista ya sake.

Oga ya kafa ido a maleƙa. Ina ganin yatsunsa suna murza zoben gaba, su dawo baya, su sake gaba. Zufa ta karyo masa a ƙeya. Motoci suka tsaya, maroƙa suka ɓarke da kirari, ministan ya fito yana gyara hannun riga. Sai Oga ya ɗago kansa a hankali, ya ciro hankici yana goge fuska, ya ce da murya ƙasa-ƙasa, "Yaro, wani abu ya shiga idona. Zo ka duba mini."

Na tsaya kamar an dasa ni. Ya ce, "Ka kurumce ne? Sa ido."

Na sa. Robar maleƙar da ɗumin fuskarsa a jiki. Duniyar nan duka ta tattaru ta shiga ɗan akwati, na murza zobe har zaren aikin wuyan rigar ministan ya fito ɗaya-ɗaya. Na danna, kyamara ta fara kukanta irin na keken ɗinki. Sai na ji tafin Oga a kafaɗata, mai nauyi, bakinsa kusa da kunnena. "Numfashi a hankali. Kar ka bi fuska, fuska ba ya gudu. Bi almakashi." Can ya ce, "Gajimare yana zuwa, buɗe kaɗan." Ban ga gajimaren ba, shi ya ji sanyinsa a fatarsa, kuma ina buɗewa rana ta lumshe. Ƙyalle ya rabu biyu, aka ɗauki tafi da guɗa. Ya matse kafaɗata ya ce, "Ya isa. Sauran wutsiya ne. Nemi mai shi." Ya saki kafaɗata ya matsa gefe.

Na waiga neman lebura ko mai talla, duk 'yan sanda sun kore su. Sai idona ya faɗa kan Oga. Yana tsaye shi kaɗai a gefen taron, wandonsa duk taɓo, ya ɗaga tafin hannunsa sama yana juya shi, ya ɗan karkatar da kai. A duk filin nan shi ne wanda ba a taɓa ɗauka ba. Ban yi wani tunani ba, na juya kyamara na danna har fim ya ƙare.

Sai da gwangwanin ya kama hanyar Legas sannan hankalina ya dawo jikina. In Oga ya fito a cikin hoto, ai kowa ya san ba idonsa ne a maleƙa ba. Makonnin nan ban ji daɗinsu ba ko kaɗan. Ina tsoron hoton ya fito da hazo a kai shi sito, ina kuma tsoron ya fito garau wutsiya ta tona abin da muke rufewa. Shi kuwa ko a jikinsa, har wata 'yar waƙar coci yake yi a mota.

Ranar da fim ya dawo aka toshe tagogin kwantena da barguna da rana tsaka, ma'aikata suka cika ta, zafi kamar gidan burodi. Injin majigi ya fara. Hoto ya fito tar, har ƙudan da ya sauka a hular ministan ana gani. Darakta ya buga cinya ya ce, "Alhamdu lillahi! Oga, wannan ai ko a Ingila sai haka. Su Legas su zo su gani!" Aka yi ta tafi. Ni dai na sunkuyar da kai ina jira. Ƙyalle ya rabu, hoto ya ɗan girgiza, sai ga Oga ya cika bango, hannu a sama, hasken bayan ruwa yana kwance a furfurarsa. Wani ya fara dariya ya katse. Ɗakin ya yi tsit, ba ka jin komai sai wutsiyar fim tana karkaɗawa a jikin inji.

Darakta ya juyo a hankali ya ce, "Oga, to wa ya riƙe kyamarar?"

Oga ya miƙe, ya gyara mitar da ke wuyansa. Ya ce, "Wanda zai riƙe shi daga yau, sa. Idona ya gama aiki. Na so in gani ko na bar wani a baya, kuma kun gani da kanku. Ba sai Legas sun turo kowa ba. Ni zan tafi gida da ƙafana." Ya cire mitar ya laluba ya rataya mini. Darakta ya tashi ya kama hannunsa da hannu biyu. Ba wanda ya sake ambaton sito.

A hanyar rumfar Mama na fara ba shi haƙuri, ina cewa ban yi tunani ba. Ya tsaya ya yi dariya har da tari. Ya ce, "Kai yaro, kana tsammani ban ji ba? Tun kafin a haife ka nake jin kukan wannan abu. Na san lokacin da ya juyo ya kalle ni. In ba na so, ai sai in matsa. Na tsaya maka ne." Muka ɗan taka, sai ya ce, "To faɗa mini gaskiya, na yi kyau?" Na ce ya fi ministan. Ya ce, "Maƙaryacin Katsina." A nan na yi kuka a tsakiyar hanya, ƙato da ni, shi kuma yana jan hannuna kamar ni ne ba na gani.

Bai sake wata damina a garin nan ba, ya koma ƙauyensu cikin duwatsu. Na je masa sau da yawa da lemon Zuba, har zuwan da na tarar da kujerarsa a jingine, mai ita ya rasu. Ni kuwa na riƙe kyamara har fim ya wuce aka shiga kaset, kaset ya wuce aka shiga abin da ba a ma ganinsa. Na ɗauki manya da ƙanana, na yi wasannin talabijin, na koyar da yara, kuma ban taɓa tashi daga wurin aiki ba sai na nemi mai wutsiya, ko da yake yaran ba su san dalilin ba.

Gwangwanin ranar bikin nan shi ne na je nema a sito. Na gane shi da ɗigon jan fentin da na sa masa a murfi. Saurayin nan ya taya ni muka ɓamɓare shi da ƙyar. Fim ɗin ya narke ya manne ya zama dunƙule ɗaya, ministan da makaɗansa da gidajen duk sun tafi. Amma Oga ya koya mana a ajiye fim yadda ya fito daga inji, wutsiya a waje. Na rufe ido kamar ina cikin baƙar jaka, na bi gefen da farce a hankali, har wani ɗan guntu da bai kai kamu ɗaya ba ya saki. Na kai shi bakin ƙofa na ɗaga wa rana. Na matso da shi, na nisanta shi, na goge tabarau na sake. Dishi-dishi kawai nake gani.

Na ce wa yaron, "Wani abu ya shiga idona. Zo ka duba mini."

Ya karɓa ya ƙura ido. Ya ce, "Baba, wani tsoho ne. Ya ɗaga hannu sama, kamar addu'a yake yi."

Na ce, "Ba addu'a yake ba, ɗana, haske yake auna mana. Riƙe shi ta gefe, kar ka sa masa yatsa a fuska."